Ƙara ta kwanta a ofishin 'yan sanda: ina ikon kotu ya fara, ina ya tsaya? Tambayoyi da amsoshi ga mutanen zangunan Kumasi

Duk wanda ya taɓa zama a bencin kotu a Adum ko Asokwa da sassafe ya san fuskokin nan: tsohuwa da carbi a hannu tana jiran a shigo da ɗanta, ɗan kasuwar Alabar riƙe da ambulan cike da rasiɗai, saurayi ɗan Aboabo da aka ce ya zo ya tsaya wa abokinsa alhali bai san abin da zai sa wa hannu ba. Tambayoyin da ke ƙasa irin waɗanda ake yi ne a ƙofar masallaci, a wajen suna, ko a cikin motar haya ta trotro, kuma an bar su kusan yadda suke fitowa daga baki. Amsoshin sun tsaya a kan dokar Ghana. Wanda maganarsa ta yi nauyi, ya haɗa da ganin lauya.

Malam, wata huɗu ke nan da na kai ƙarar wanda ya cinye mini kuɗin kaya. Kullum na je, CID, wato ɗan sandan bincike, sai ya ce "muna kai". Alƙali ba zai kira shi ya tambaye shi ba?

Hajiya, alƙali bai ma san kin kai ƙara ba. Daga rashin sanin wannan ne yawancin ɓacin rai ke tasowa. A tsarin da Ghana ta gada daga Ingila an raba aikin gida uku. 'Yan sanda ke bincike. Gurfanar da mutum ikon Antoni Janar ne, kamar yadda sashe na 88 na kundin tsarin mulkin 1992 ya tanada, kuma ɗan sandan da kike gani yana gabatar da ƙara a gaban majistare da izininsa yake yi. Shi kuwa alƙali zama yake yi sai an kawo masa. Ba ya zagaya ofisoshin 'yan sanda yana buɗe durowa.

Da yawa cikinmu na da dangi a Nijar, Togo, Burkina Faso ko Kodebuwa. Can akwai alƙalin bincike, wanda shi da kansa ke jan ragamar binciken manyan laifuka, ya kira shaidu, ya ba jami'an tsaro umarni. Wancan tsarin Faransa ne. Wanda ya shigo Kumasi da wannan tunani zai daɗe yana jiran kiran da ba zai zo ba.

Ƙofofin da kotu ke shiga ta cikinsu sanannu ne: idan an tsare mutum, idan ana neman takardar izinin kama wani ko binciken gida, idan rai ya salwanta ta hanyar da ba a gane ba, ko idan wani ya rubuta ya shigar da buƙata a gabanta. Taki ƙofar ita ce ta ƙarshe, kuma ke za ki ƙwanƙwasa.

To kafin a kai ga kotu, ina zan bi?

Ki fara tattara abin da ke hannunki: ranar da kika kai ƙara, ranar da kika ba da bayani, sunan mai binciken, rasiɗai, saƙonnin MoMo na tura kuɗi ta waya. Kada asalin wata takarda ya bar hannunki sai kin ajiye kwafinta.

Sama da mai bincike akwai shugaban sashen binciken laifuka na ofishin, sama da shi kwamandan gunduma, sai kwamandan shiyya, sai hedikwatar yankin Ashanti a Adum. Duk inda za ki je, ki je da rubutu, kwafi biyu, a buga wa naki hatimi da kwanan wata. Sashe na 23 na dokar 'yan sanda ta 1970, wato Doka ta 350, ya ba kowa damar rubuta ƙorafi kan ɗan sandan da ya yi sakaci da aikinsa, ya kuma ɗora wa babban jami'in da ya karɓa nauyin sa a bincika da sanar da mai ƙorafi abin da aka gano.

Mun saba mu ɗauki sarkin ƙabilarmu, ko liman, ko asambulman, wato kansilan unguwa, mu je a gaisa da kwamanda. Ba laifi ba ne, furfura tana buɗe ƙofa. Sai dai gaisuwa ba ta barin sawu. Ranar da aka yi wa kwamanda canjin wurin aiki zuwa Obuasi ko Konongo, alkawarinsa ya hau mota tare da shi. Takarda mai hatimi kuwa tana nan a ƙasan akwatinki, kuma ita lauya zai fara tambaya.

Na rubuta, na sake rubutawa, shiru. Yanzu fa?

Yanzu ne Babbar Kotu ke da abin cewa. Akwai umarnin da lauyoyi ke kira mandamus, wanda kotu ke tilasta wa jami'in gwamnati ya yi aikin da doka ta wajabta masa. Sashe na 33 na kundin tsarin mulki ya ambace shi cikin umarnin da Babbar Kotu ke iya bayarwa, sashe na 23 na kundin kuma ya ce jami'an gwamnati su yi aiki da adalci da hankali, wanda suka cuta yana da damar zuwa kotu. Alƙali zai so ya ga cewa ka nema a fili, an ƙi ko an yi ta jan ƙafa ba dalili. Ka ga amfanin kwafin nan mai hatimi. Kada kuma a yi nawa, domin ƙa'idojin Babbar Kotu na 2004 sun sa iyakar wata shida ga irin wannan buƙata.

Amma kada a ɗora wa mandamus kayan da ba zai iya ɗauka ba. Kotu na iya cewa "ku yi aikinku", da wuya ta ce "ku kama wane" ko "ku same shi da laifi". Kuma akwai kuɗin lauya da na shigar da takardu. In abin da aka cinye maka bai taka kara ya karya ba, sai kuɗin magani ya fi na cuta. A irin wannan hali gara ka shigar da ƙarar neman kuɗinka kai tsaye a kotun gunduma. Wannan ƙara taka ce, kai ke tuƙa ta, ba sai ka jira 'yan sanda sun gama ba.

An ce mana doket ya tafi ofishin Antoni Janar neman shawara. Me ke nan, kuma sai yaushe?

A manyan laifuka irin kisan kai, fyaɗe da fashi, 'yan sanda kan aika kwafin fayil ɗin binciken, wato doket, ga lauyoyin gwamnati su duba. Suna iya cewa a gurfanar, ko a sauya tuhuma, ko a koma a ƙara bincike, ko babu hujjar da za ta tsaya a kotu. Ofishin yana da reshe a nan Kumasi, ba sai an je Accra ba.

"Doket na wajen Antoni Janar" magana ce da ta kwantar da shari'u masu yawa. Wani lokaci gaskiya ce. Wani lokaci kuma doket ɗin bai ko tsallake ƙofar ofishin 'yan sanda ba. Hanyar rabewa ɗaya ce: ku nemi ranar da aka aika da lambar wasiƙar rakiya, ku je da su ofishin lauyoyin gwamnati ku tambaya. Zuwa da kai ya fi aike. In akwai wanda ke tsare a kan maganar, lauyansa ya roƙi alƙali ya sa mai gabatar da ƙara ya faɗi waɗannan abubuwa biyu a zaman kotu, a rubuta su a littafin shari'a.

An kama ƙanena ranar Juma'a bayan La'asar. Sun ce sai Litinin, wai kotu ba ta zama ƙarshen mako.

Wannan tsohon zance ne, Kotun Ƙoli ta binne shi. Sashe na 14 na kundin tsarin mulki ya ce duk wanda aka kama bisa zargin laifi, in ba a sake shi ba, a kai shi gaban kotu cikin awa 48. Shekara da shekaru ana fitar da Asabar da Lahadi daga lissafin, har kamun Juma'a ya zama sandar tsoratar da mutane. Lauya Martin Kpebu ya kai maganar Kotun Ƙoli, kuma a watan Disamban 2019 kotun ta yanke cewa awa 48 awa 48 ce, har da Asabar, Lahadi da ranakun hutu, ta kuma sa a ware kotunan da za su riƙa zama a waɗannan ranaku. Ko ranar Sallah ce, agogo bai tsaya ba.

Saboda haka ku rubuta lokacin da aka kama shi, awa da minti, da sunan wanda ya gani. Kafin awa 48 ta cika, zaɓi biyu ne a gaban 'yan sanda: su ba da belinsa a ofis su ci gaba da bincikensu, ko su kai shi gaban alƙali. Sashen ya kuma ce a gaya masa dalilin kamun nan take da harshen da yake ji, a gaya masa yana da haƙƙin ɗaukar lauyan da yake so. Belin ofishin 'yan sanda ba a sayensa. Mun san abin da ke faruwa a bayan kanta, amma a doka ba kuɗinsa ko pesewa ɗaya.

Ba mu ma san inda aka kai shi ba. Wannan ofis ya ce wancan, wancan ya ce wannan.

Ku nemi lauya yau, kada ku bari sai gobe. Buƙatar da zai shigar a Babbar Kotu ita ce habeas corpus, ma'ana a kawo mutumin da jikinsa gaban alƙali a faɗi hujjar tsare shi. In ba hujja, a sake shi. Wanda ya yi kunnen uwar shegu da umarnin ya raina kotu, kuma ana ɗaure mutum a kan haka. Ɗan'uwa na iya yin rantsuwar a madadin wanda ke tsare, tunda shi ba ya da hanyar fitowa.

Sun zo ba su sami ɗana ba, sai suka tafi da babansa, wai sai yaron ya kawo kansa.

Ba dokar da ta yarda a kama wani a madadin wani. Laifi na mai shi ne. In dai ba ana zargin uban da ɓoye yaron ko taimaka masa ba, tsare shi haramtacce ne, kuma sashe na 14 ya ba wanda aka tsare ba bisa ƙa'ida ba haƙƙin neman diyya.

An kai shi kotu, amma kullum ɗan sanda sai ya miƙe ya ce bincike bai ƙare ba, alƙali ya ce a mayar da shi rimandi. Har yaushe za a yi ta haka?

Nan ne ainihin wurin da kotu ke da ido a kan bincike, kuma nan ne aka fi sakaci. Da zarar an gurfanar da mutum, ci gaba da tsare shi ya koma bisa sa hannun alƙali. Dokar bin shari'ar laifuka ta 1960, wadda kowa ke kira Doka ta 30, ta ce in mutum yana tsare, kada ɗage zama ya wuce kwana 14. Hikimar ita ce duk mako biyu mai bincike ya dawo ya faɗi abin da ya yi. Alƙalin da ya san aikinsa zai tambaya: shaidu nawa ka ji tun wancan zama? Me ya rage? Ina rahoton likita? In amsa ɗaya ake maimaitawa kamar karatun aku, yana da ikon ba da beli, ya sa wa'adi na ƙarshe, ko ya kori ƙarar saboda masu ita sun kasa tafiyar da ita.

Sai dai alƙalin da ke da shari'u da yawa a rana ɗaya ba lallai ya yi waɗannan tambayoyi ba in ba wanda ya tashi ya ja hankalinsa. Wanda ake tuhuma yana da baki, ko ba lauya. Yana iya ɗaga hannu ya ce, "Ranka ya daɗe, wata biyar ke nan ina tsare, ina neman beli." Sashe na 14 ya faɗa ƙarara cewa wanda ba a yi masa shari'a cikin lokacin da ya dace ba, a sake shi, da sharaɗi ko ba sharaɗi. Dangi kuma su riƙe ɗan littafi: ranar kowane zama, abin da ɗan sanda ya ce, ranar da aka ɗage. Ranar neman beli a Babbar Kotu wannan littafin ya fi kuka amfani.

Abu ɗaya da ke ruɗa mutane: korar ƙara ba wankewa ba ce. Wanda aka sallama don an kasa kawo shaidu, ko don Antoni Janar ya janye, ana iya sake kama shi a kan maganar. Wanda aka yi wa shari'a har ƙarshe aka wanke shi, shi ne ba a sake tuhumarsa da wannan laifin.

An ce laifin fashi ba shi da beli. Haka ne?

A da haka ne. Doka ta 30 tana da jerin laifukan da aka hana kotu ba da beli a kansu, ciki har da kisan kai, fashi da fyaɗe. A shekarar 2016, a wata ƙarar da shi dai Martin Kpebu ya shigar, Kotun Ƙoli ta soke wannan jeri, domin ya saɓa wa ƙa'idar cewa mutum ba mai laifi ba ne sai an tabbatar. Yanzu kowane laifi ana iya neman belinsa. Nema ba samu ba ne: alƙali zai duba ko mutumin zai gudu, ko zai taɓa shaidu, ko zai kawo wa bincike cikas, ko zai sake aikata wani laifin. A shari'ar kisan kai, wadda ke farawa a gaban majistare kafin a miƙa ta sama, Babbar Kotu ake zuwa neman belin.

Inda gizo ke saƙar a zango shi ne sharuɗɗa. Sai a ce masu tsayawa biyu, ɗaya ya kawo takardar fili ko gida. Gidajenmu kuwa yawanci na gado ne, kaka ya gina, jikoki ashirin ke ciki, takarda in ma akwai da sunan mamaci take. Sai ka ga an ba mutum beli amma yana nan a kurkukun Adum. Doka ta 30 ta ce kada sharuɗɗan beli su yi tsanani fiye da kima, kada kuma a hana beli don horo. Wanda sharuɗɗa suka fi ƙarfinsa yana iya komawa ya roƙi a sassauta, ko ya haura Babbar Kotu.

Maƙwabcina ya roƙe ni in tsaya wa ɗansa. In yaron ya gudu, ni za a ɗaure?

Alhaji, abin da ka sa wa hannu alkawari ne cewa za ka kawo shi duk ranar zama, in ka kasa za ka biya kuɗin da aka rubuta. Ɗaure mai tsayawa don ya kasa biya, Kotun Ƙoli ta soke shi tun 2015. Amma kuɗin yana wuyanka, kuma ana iya bin dukiyarka. Ka karanta adadin kafin ka sa hannu. In daga baya ka ga take-taken yaron ba su yi maka ba, ka je kotu ka nemi a cire sunanka tun yana gari.

Ba na jin Turanci, Tuwi ma kaɗan-kaɗan. Sun rubuta bayani sun ce in dangwala.

Kada ka dangwala a kan abin da ba a karanta maka da harshenka ba. Dokar shaida ta 1975, sashe na 120, ta ce bayanin amsa laifi ba ya karɓuwa sai an yi shi da son rai. In mutum yana tsare, dole a yi shi a gaban shaida mai zaman kansa, wanda ke jin harshen mai bayanin kuma yake iya karanta harshen da aka rubuta, ya tabbatar a rubuce cewa an karanta masa ya fahimta. Idan da duka aka karɓa, ko shaidan ba ya jin Hausa ko Dagbanci ko Mosanci, a gaya wa alƙali lokacin da za a miƙa takardar. Zai tsaya ya yi ƙaramar shari'a a kan takardar kanta kafin ya karɓa ko ya yar. Wannan ma sa ido ne a kan bincike, ko da yake daga baya yake zuwa.

A kotu kuma tafinta haƙƙinka ne, kyauta, bisa sashe na 19 na kundin tsarin mulki. Mutanenmu kan ji kunya su ce suna jin Tuwi, alhali Tuwin cinikin Kejetia daban, Tuwin tuhuma daban. Ka ce Hausa kake so. Tun hukuncin Kotun Ƙoli na 2018 a shari'ar Baffoe-Bonnie, wajibi ne masu gabatar da ƙara su ba wanda ake tuhuma kwafin bayanan shaidu da takardun da ke hannunsu kafin a fara sauraro. Ka nema, ka sa a karanta maka a gida a natse.

Bashi ne tsakanina da abokin ciniki, ya kai ni wajen 'yan sanda wai na damfare shi. Kotu za ta iya tsayar da binciken?

Kotuna ba sa son hana 'yan sanda bincike, domin binciken zargi aikinsu ne. Abin da kotu ke tsayawa a kai shi ne yadda ake yi: tsarewa fiye da ƙa'ida, kira kullum a zaunar da mutum daga safe har dare, matsa masa ya sa hannu a takardar biya kafin a sake shi. Kasa biyan bashi ba laifi ba ne. Damfara, a sashe na 131 na dokar laifuka ta 1960, sai an nuna ka yi ƙarya tun farko don ka karɓi kayan mutum. Wanda ya karɓi buhunan masara daga Techiman ya biya rabi kasuwa ta juya masa baya, bashi kawai ake binsa, kuma ofishin 'yan sanda ba wurin karɓar bashi ba ne.

Gaskiya ɗaya mai ɗaci: mu ma muna yin haka. Wanda ke kuka yau an tsare ɗan'uwansa a kan bashi, shi ne jiya ya ɗauki CID a tasi ya kai shi shagon wani.

Dattawa sun sasanta mu. Zan iya janye ƙarata?

A ofishin 'yan sanda kana iya rubuta cewa ba ka da sauran buƙata. Amma da zarar an shiga kotu, ƙarar ta Jamhuriya ce, kai shaida ne kawai. Sashe na 73 na dokar kotuna ta 1993 ya ba alƙali damar ƙarfafa sulhu a ƙananan laifuka, irin zagi, 'yar hatsaniya ko ƙaramin rauni, kuma kotuna na da masu shiga tsakani don wannan. Ku je ku faɗa wa alƙali, kada ku ɗauke ƙafa kawai. Fyaɗe, lalata da ƙaramar yarinya, fashi da kisa kuwa ba sa cikin abin da zaure ke kashewa. Dattijon da ya sa aka rufe irin wannan da goro da "a bar wa Allah" bai yi wa yarinyar adalci ba, kuma yana iya jawo wa kansa tuhuma.

Ɗanmu ya rasu a hannun 'yan sanda. Muna so mu yi masa sutura yau, an ce sai an yi binciken gawa.

Allah ya jiƙansa, ya ba ku haƙuri. Wannan ita ce tambaya mafi nauyi a shafin nan, domin addini ya ce a gaggauta, zuciya ma haka take so. A dokar binciken mutuwa ta 1960, majistaren gunduma shi ne mai binciken musabbabin mutuwa, kuma mutuwar da ta faru a ɗakin tsarewa ko kurkuku tana cikin waɗanda doka ta ce ya bincika. Shi ke ba da umarnin likita ya duba gawa, shi ke ba da izinin a sake ta. A Kumasi yawanci asibitin Komfo Anokye ake kaiwa.

Ra'ayina, kuma na san ba kowa zai so shi ba: a irin wannan mutuwa kada ku roƙi a yafe binciken. Rahoton likita shi ne shaidan da ba a iya tsoratarwa. In an rufe gawa ba shi, abin da ya rage maganarku ce da maganar waɗanda ɗanku ya mutu a hannunsu. Abin da ya kamata ku matsa a kai shi ne a yi da wuri, wakilinku ko likitan da kuka amince da shi ya halarta, a ɗauki hoton raunuka kafin wanka, a ba ku sakamako a rubuce. Ku tafi da liman wajen majistare, ya bayyana uzurin gaggawa.

In ɗan sanda ne ya zalunce ni, wa zan kai wa ƙara? Su za su binciki kansu?

Hanya uku ce. Ta cikin gida ita ce sashen ladabtarwa na rundunar, PPSB, wanda tsofaffi suka sani da PIPS. Zai iya kai jami'i ga horo ko kora, amma ɗan sanda ne ke binciken ɗan sanda, shi ya sa ƙungiyoyin farar hula suka daɗe suna kiran a kafa hukuma mai zaman kanta. Ta biyu CHRAJ, hukumar kare haƙƙin ɗan'adam da aka kafa a 1993. Ba a biyan kuɗi, ana karɓar ƙorafi da baki ko a rubuce, amma tana iya ƙin karɓar abin da ka sani ka yi shiru a kai fiye da wata 12. Ta uku Babbar Kotu, inda ake neman diyya, kuma Antoni Janar ake sa wa suna a madadin gwamnati.

A kula da jeri: kundin tsarin mulki, sashe na 219, ya hana CHRAJ binciken maganar da ke gaban kotu. Wanda ya fara shigar da ƙara a kotu ya rufe wa kansa waccan ƙofa har sai an gama.

Mutanen Asawase ba sa bukatar a ba su labari. A watan Yulin 2018 'yan sanda suka harbe matasa bakwai 'yan zango a yankin Manso Nkwanta, suka ce 'yan fashi ne. Zango ya tashi, gwamnati ta kafa kwamiti, kwamitin ya ce bai ga hujjar cewa 'yan fashi ba ne, aka dakatar da 'yan sanda 21, aka biya iyalai diyya. Kwamiti ya yi abin da zai iya: ya wanke sunan mamata. Amma kwamiti ba kotu ba ne, ba ya ɗaure kowa. Gurfanar da jami'i a kan kisa sai ta hannun Antoni Janar, kamar kowace shari'ar laifi.

Pragya ɗina, keken nan mai ƙafa uku, yana ofishin 'yan sanda wata uku, wai shaida ne. Rana da ruwa sun gama da shi.

Ka rubuta wa kwamanda da takardun mallaka. In maganar tana kotu, ka roƙi alƙali ya sa a ɗauki hotonsa a sake maka shi bisa alkawarin za ka kawo duk lokacin da aka nema. Ka rubuta halin da yake ciki ranar karɓa, tun daga batir har tayoyi.

Ba mu da kuɗin lauya, ɗan'uwanmu kuma ya shekara biyu a rimandi. Mai binciken ma an ce an mayar da shi Arewa.

Ku fara da ofishin Hukumar Taimakon Shari'a, wadda dokar 2018 ta kafa a madadin tsohon shirin. Tana da ofis a Kumasi, aikinta tsaya wa marasa hali. Lauyoyinta kaɗan ne, layi dogo ne, don haka ku je da komai a shirye.

Sannan ku je kurkukun ku nemi ganin jami'in da ke riƙe da rajista, ku tambayi ranar ƙarshe da aka kai shi kotu da ranar da ke kan takardar tsarewarsa. Sau da yawa za a tarar wa'adin takardar ya ƙare tuntuni, ba wanda ya sabunta, domin mai binciken da ya kamata ya zo ya ɗauke shi ya bar gari. Saboda irin waɗannan mutane aka fara shirin Adalci ga Kowa a 2007, inda alƙalai ke shiga cikin kurkuku, irin na Nsawam da na Kumasi, su zauna su duba fayil ɗin waɗanda aka manta da su, su ba wasu beli, su sallami wasu. Ku roƙi a sa sunansa cikin jerin zama na gaba. Ku riƙo lambar shari'ar, sunan kotun da ta fara tsare shi, sunan ofishin 'yan sandan da ya kama shi, da mutum biyu masu katin Ghana da adireshin da za a iya zuwa a gani, waɗanda suka yarda su tsaya masa a ranar.